Kimiyya a Madafa: Kek ɗin Busassun 'Ya'yan Itace, Ba Ƙwai, Ba Bota, Ba Barasa

A shekarar 2017 ma'aikatan wata ƙungiya ta ƙasar Niyu Zilan, wadda ke kula da kayan tarihi na yankin Antatika, suka tsinci wani kek a cikin kayan tsohuwar bukka da ke Cape Adare. An ƙiyasta cewa ya shekara 106 a wurin. Kamfanin Huntley & Palmers na Ingila ne ya yi shi, kuma ana kyautata zaton wasu daga cikin ayarin Kyaftin Robert Falcon Scott na 1910 zuwa 1913 ne suka bar shi. Gwangwanin da yake ciki ya yi tsatsa, amma shi kek ɗin yana naɗe a takardarsa, kamar a yanka a ci. Babu shakka tsananin sanyin wurin ya yi babban aiki. Sai dai ko a ɗaki mai ɗumi, irin wannan kek, wato wanda aka cika da busassun 'ya'yan itace, yakan yi watanni bai lalace ba, alhali burodi yakan yi fumfuna cikin kwana uku ko huɗu.

Asalin wannan kek na Turawa ne, musamman mutanen Birtaniya, waɗanda ke yin sa don Kirsimeti da bikin aure. Daga can ya bazu zuwa Karebiyan, inda mutanen Jamaika da Tirinidad da Gayana ke jiƙa 'ya'yan itacen cikin barasar rake na tsawon watanni kafin su gasa. A yadda aka gada, sai an sa ƙwai da bota da barasa. To amma akwai mutane da yawa da ba sa cin ɗaya daga cikin waɗannan, ko ma dukkansu. Wasu addini ne ya hana su barasa. Wasu jikinsu ba ya karɓar ƙwai ko madara. Kiristocin Habasha da Kibɗawan Masar sukan ƙaurace wa duk abin da ya fito daga dabba a kwanakin azuminsu. Akwai kuma waɗanda suka zaɓi barin nama da ƙwai da madara har da zuma baki ɗaya, waɗanda Donald Watson na Ingila ya laƙaba wa sunan vegan a 1944. Wannan maƙala za ta duba aikin da kowanne daga cikin abubuwa ukun ke yi a cikin kek, domin wanda ya san aikin abu shi ne zai iya nema masa madadi. Za mu fara da ruwa, don a wurinsa asirin yake.

Sakakken ruwa da ɗaurarren ruwa

Ƙwayoyin halitta masu lalata abinci, wato bakteriya da yis da fumfuna, ba sa rayuwa sai da ruwa. Amma ba duk ruwan da ke cikin abinci ne suke iya sha ba. Idan sukari ko gishiri ya narke cikin ruwa, yakan riƙe ƙwayoyin ruwan a jikinsa. Ruwan da aka riƙe haka za mu kira shi ɗaurarren ruwa, wanda ya rage kuma sakakken ruwa. Wani masani ɗan Ostireliya, W. J. Scott (ba shi da alaƙa da Kyaftin ɗin da muka ambata), ya nuna a 1953 cewa girman bakteriya ya dogara ne ga sakakken ruwa, ba ga jimillar ruwan abinci ba. Ana auna wannan da ma'auni mai farawa daga 0 zuwa 1. Tsantsar ruwa yana kan 1.0. Galibin bakteriya ba sa hayayyafa idan ma'aunin ya sauka ƙasa da 0.91. Staphylococcus aureus, mai haddasa amai da gudawa, ta fi su juriya, takan kai 0.86. Yawancin fumfuna sukan tsaya a wajen 0.80, sai 'yan ƙalilan masu son bushewa da ke kaiwa kusan 0.61. Ƙasa da 0.60 babu wata ƙwayar da aka sani tana girma a cikin abinci.

Me ke hana su? Ɗaliban da suka karanta osimosis sun riga sun san amsar. Ruwa yakan ratsa tantanin ƙwayar halitta daga inda narkakken abu ya yi ƙaranci zuwa inda ya yi yawa. Idan ƙwayar bakteriya ta sauka a kan busasshen dabino, sukarin da ke waje ya fi na cikinta kauri, don haka ruwan jikinta ne zai fita. Sai ta yanƙwane, ta daina rarrabuwa. A lura, ba lallai ta mutu ba. Tana iya kwanciya ta jira ranar da danshi zai dawo, kuma wannan ne abin da masu ajiyar abinci suka fi mantawa da shi.

Bari mu yi ɗan lissafi da mangwaro. Tsokar ɗanyen mangwaro kusan kashi 83 cikin 100 ruwa ce, sukari kuma kusan kashi 14. Ke nan a kilo 1 akwai ruwa giram 830 da sauran abubuwa giram 170, waɗanda giram 140 daga cikinsu sukari ne. Idan aka shanya shi har ruwan ya koma kashi 15 cikin 100 na nauyinsa, abin da zai rage giram 200 ne kacal: ruwa giram 30, sauran abubuwa giram 170. Sukarin bai ƙaru ba, bai ragu ba, amma yanzu ya zama kashi 70 cikin 100. Giram 140 na sukari sun taru a kan giram 30 na ruwa, ina bakteriya za ta sami na sha? Haka abin yake ga abarba mai ruwa kusan kashi 86, da gwanda mai kusan 88, da ayaba mai kusan 75. Iyayenmu da ke shanya tumatir da kuɓewa, da mahautan da ke yin kilishi, wannan ƙa'idar suke bi tun kafin a ƙirƙiro mata ma'auni.

Kek ɗin da rabin nauyinsa ko fiye busassun 'ya'yan itace ne yana gadon wannan kariya. Shi ya sa ya bambanta da burodi, wanda sakakken ruwansa ke kusa da 0.95.

Aikin barasa

Barasa na yin ayyuka uku a kek ɗin gargajiya. Tana tausasa busassun 'ya'yan itacen. Tana narkar da sinadaran ƙamshi waɗanda ruwa ba ya narkarwa sosai. Sannan idan aka riƙa shafa ta a jikin kek bayan gashi, kamar yadda Turawa ke yi mako-mako, tana hana fumfuna tsirowa a samansa.

Akwai wata magana da ta yaɗu, wai duk barasar da aka sa a girki takan ƙone ta tafi. Gaskiya ne sinadarin itanol yana tafasa a digiri 78 na ma'aunin Salshiyas, ƙasa da ruwa. Amma idan ya gauraya da ruwa da gari ba ya ficewa gaba ɗaya. Jadawalin Ma'aikatar Aikin Gona ta Amurka ya nuna cewa idan aka cuɗa barasa cikin abinci aka gasa ko aka dafa, bayan minti 15 kusan kashi 40 cikin 100 na nan, bayan sa'a 1 kusan kashi 25, bayan sa'a 2 da rabi ma akwai saura kusan kashi 5. Wadda aka shafa bayan an sauke kek kuwa, ai ba ta ga wuta ba. Har ila yau, mai gudun barasa ya duba kwalbar ruwan fanila kafin ya saya, domin a dokar Amurka tsantsar ruwan fanila sai ya ƙunshi barasa aƙalla kashi 35 cikin 100. Garin fanila ya fi masa, ko ya haƙura da ita, tunda kayan ƙamshinmu sun wadatar.

Aikin tausasawa shi ya fi sauƙin mayewa. Mutanen Ailan da na Wels sun daɗe suna jiƙa zabibi cikin baƙin shayi su kwana, su yi nasu kek ɗin. Shayi mai kauri yana da ɗan bauri wanda ke rage gundurar zaƙi, yana kuma ba da launi. Ruwan lemon zaƙi ma yana yi. Zoɓo na da daɗi, amma ba na ba da shawararsa a nan: launinsa ja yakan juye zuwa toka-toka ko kore-kore idan ya haɗu da soda, kek ya fito ba kyan gani. Game da ƙamshi, mai ne zai ɗauki aikin, don sinadaran kirfa da kanumfari suna narkewa cikin mai, musamman idan an ɗumama su tare.

Aiki na uku ne ba shi da cikakken madadi, kuma bai kamata a ɓoye wannan ba. Kanumfari da kirfa suna da sinadaran da ke rage ƙarfin fumfuna, amma a gwargwadon da baki zai iya ɗauka tasirinsu kaɗan ne. Kek marar barasa ba zai kai watanni a kan kanta ba. Wanda ya shafa masa ruwan lemo mako-mako yana kwaikwayon Turawa, sakakken ruwa yake ƙara masa, wato yana yi wa fumfuna shimfiɗa.

Ƙwai da bota

Kusan kashi 75 cikin 100 na ƙwai ruwa ne, sauran kuma furotin da kitse. Da zafi ya haura digiri 60, furotin ɗin zai fara sandarewa, ya zama kamar raga mai riƙe kek. Gwaiduwa na ɗauke da sinadarin lesitin, wanda ke sulhunta mai da ruwa su zauna tare. Bugu da ƙari, ƙwan da aka kaɗa yana kama iska, iskar kuma ta kumbura kek a wuta.

Sa'ar da aka yi ita ce, kek ɗin 'ya'yan itace ba mai tashi sosai ba ne. Nauyi da danƙo ake so a gare shi. Saboda haka rashin ƙwai bai cika yi masa illa ba. A lokacin Yaƙin Duniya na Ɗaya, da kuma shekarun karayar tattalin arziki na 1930, matan Amurka da Kanada sun riƙa tafasa zabibi da sukari da kitse, su zuba gari su gasa, ba ƙwai ba madara ba bota. Hanyarsu za mu bi.

Riƙon kek zai fito daga wurare uku. Na farko fulawa: furotin ɗinta guda biyu, gulutenin da giliyadin, suna haɗuwa da ruwa su yi danƙo, sitacinta kuma ya sha ruwa ya kumbura a wuta ya daskare. Na biyu nunanniyar ayaba da dabinon da ya narke a tafasa, masu ɗauke da sinadarin fektin da ke kama ruwa ya yi kauri. Na uku garin waken suya cokali biyu, wanda ke da furotin da lesitin, wato abubuwa biyun da muka rasa daga ƙwai.

Tashi kuwa aikin bekin soda ne. Idan ta haɗu da abu mai tsami sai ta saki iskar kabon-dayoksaid. Ƙaramin cokali ɗaya, kimanin giram 5, zai iya ba da iska kusan lita 1.4 idan ya sami isasshen tsami. Idan tsamin bai isa ba, ragowar sodar za ta bar ɗanɗanon sabulu a baki. Ruwan lemon tsami ya dace, haka ma ruwan tsamiya, wadda ke cike da asid ɗin tatarik, dangin abin da ake sa wa wasu nau'o'in bekin foda. Wani ɗalibi na iya tambaya ko kanwa za ta yi, tunda ita ma tana ɗauke da irin wannan sinadari. A bisa ƙa'ida za ta saki iska, amma ƙarfinta ya bambanta daga dunƙule zuwa dunƙule, ga yashi da wasu gishirai a ciki, don haka ba ta aunuwa.

Bota kusan kashi 80 cikin 100 kitse ce, sauran galibi ruwa. Aikin kitse shi ne ya lulluɓe garin fulawa ya hana danƙo yin yawa, kek ya yi taushi. Man gyaɗa, ko na waken suya, ko na kwakwa duk za su yi, kuma da yake su tsantsar mai ne, ana sa ƙasa da adadin bota.

Zaɓen 'ya'yan itacen

Dabino shi ne ginshiƙi, don yana da sukari da danƙo sosai, kuma ba ya wuyar samu, ko na Agadas da Bilma, ko na wajen Dutse. A tsaga kowane ɗaya a duba, saboda ƙwari kan shige ciki. Mangwaro da abarba su ke kawo tsami da ƙamshi, gwanda ta kawo launi. Wanda zai busar da nasa ya yanka su sirara, kamar rabin santimita, ya tsoma cikin ruwan lemon tsami, don tsami na rage aikin inzayim ɗin da ke baƙanta yankakken ɗan itace idan ya sha iska. A shanya a kan raga, a rufe da yadi mai shara-shara saboda ƙuda da ƙura, a kwashe kafin raɓa ta sauka. Idan da na'urar busarwa, digiri 55 zuwa 60 ya isa. Zafin da ya wuce haka yakan ƙeƙashe baya ya kulle ruwa a ciki. Ya bushe idan ya lanƙwasu kamar fata, kuma aka matsa ba ruwa. Na kanti masu launi garau galibi an sa musu sinadarin salfa, wanda ke tayar wa wasu masu ciwon asma, sai a karanta takardar jiki.

Abarba da gwanda suna da wata ɗabi'a da ta shafi darasinmu. Abarba na da inzayim mai suna buromelin, gwanda kuma fafen, dukkansu masu narkar da furotin. Wannan ne dalilin da ake naɗe nama mai tauri da ganyen gwanda. Shanyar rana ba lallai ta kashe su ba, kuma danƙon fulawa furotin ne. Tafasawa na lalata su, wanda ƙarin dalili ne na bin hanyar tafasa.

Idan za a sa gyaɗa ko yazawa, a tsince sosai, a zubar da duk wadda ta yanƙwane, ta canza launi, ko take ɗaci. Fumfunar Aspergillus flavus na barin guba mai suna afulatoksin, wadda aka gano bayan mutuwar talotalo kusan 100,000 a Ingila a 1960, sakamakon ƙuli-ƙulin gyaɗa da aka shigo da shi daga Birazil. Gubar na yi wa hanta illa, kuma zafin gashi ba ya kawar da ita.

Yadda ake haɗawa

A tanadi busassun 'ya'yan itace giram 500: dabino 200, mangwaro 100, abarba 100, gwanda 50, zabibi 50, duk a yayyanka ƙanana. A zuba su a tukunya tare da baƙin shayi mai kauri mililita 300, da sukari giram 100, da mai mililita 100, da garin kirfa ƙaramin cokali 1, garin citta rabin cokali, garin kanumfari kwatan cokali, da ɗan gishiri. A tafasa a kan wuta kaɗan na minti 8 zuwa 10 ana juyawa, a sauke, a bari ya huce sarai. Wannan hucewa ba ɓata lokaci ba ne: idan aka zuba soda cikin abu mai zafi, iskar za ta fice tun kafin a kai ga wuta.

Bayan ya huce, a dama nunanniyar ayaba 1 a zuba, da ruwan lemon tsami babban cokali 1. A wani kwano a tankaɗe fulawa giram 250 da garin waken suya babban cokali 2, bekin foda ƙaramin cokali 1, da bekin soda rabin ƙaramin cokali. A haɗa su a juya har gari ya ɓace, sannan a tsaya. Yawan juyi na ƙara danƙo, kek ya yi tauri. Kwaɓin ya kasance mai kauri, yana faɗowa daga cokali da ƙyar. Kaurin ne ke hana 'ya'yan itacen nutsewa ƙasa. A shafa mai a gwangwani mai faɗin santimita 20, a shimfiɗa takardar gashi ninki biyu, a zuba, a kai wuta nan take.

A gasa a digiri 150 na kimanin sa'a 1 da rabi. Mai karatu zai ga wannan zafi ya yi ƙasa da digiri 180 da aka saba yi wa kek. Dalilai biyu ne. Kwaɓin na da nauyi, zafi na daɗewa kafin ya ratsa tsakiyarsa. Sannan sukarin furuktos, wanda ya yi yawa a dabino da zabibi, yana fara ƙonewa a wajen digiri 110, alhali sukarin rake sai ya kai wajen 160. Ga kuma haɗuwar sukari da furotin, wadda Bafaranshe Louis-Camille Maillard ya bayyana a 1912, mai ba gasasshen abu launin ƙasa-ƙasa da ƙamshi. Soda na ƙara mata sauri. Idan wuta ta yi yawa, baya zai ƙone ya yi ɗaci ciki kuwa ɗanye. In sama ya fara duhu da wuri, a rufa masa takarda. A soka tsinke a tsakiya, idan ya fito ba kwaɓi ya gasu. Wanda ba shi da obin ya zuba yashi mai tsabta a gindin babbar tukunya, ya ɗora gwangwanin a kai, ya rufe, ya sa garwashi kaɗan a ƙasa da kan murfi. Yashin na raba zafi daidai, sai dai a riƙa rage garwashin ƙasa.

Ajiya, da gwaji don aji

Kada a naɗe kek yana da ɗumi. Tururin zai taru a jikin leda ya koma ɗigon ruwa, kuma kowane ɗigo wuri ne da ma'auni ya koma kusan 1.0, komai bushewar sauran kek ɗin. Idan ya huce, a naɗe da takarda a sa a mazubi mai murfi. Ya fi daɗi a rana ta biyu ko ta uku, lokacin da danshi ya gama daidaita tsakanin 'ya'yan itacen da garin. Yanayi ma na da tasiri, domin kek na musayar danshi da iskar da ke kewaye da shi: da hunturu zai bushe ya yi tauri, da damina kuwa sukarin samansa zai jawo ruwa daga iska ya yi danƙo, fumfuna ta samu ƙofa. A ƙasa mai zafi a cinye cikin kwana 5 zuwa 7, a firji mako 2 zuwa 3, a firiza wata 3. Idan fumfuna ta bayyana a zubar da shi duka, don zarenta na ratsawa ciki fiye da inda ido ke gani. Masu ciwon sukari su tuna da lissafin mangwaron nan: yanki kaɗan ya ƙunshi sukari mai yawa.

Malamai na iya nuna duk wannan a aji da kuɗi kaɗan. A sami kwalabe huɗu masu murfi. A sa yankin burodi a ta farko, yankin wannan kek a ta biyu, wani yankin kek da aka yayyafa wa ruwa cokali 1 a ta uku, busasshen dabino a ta huɗu. A bar su a buɗe na sa'a 1 don ƙurar fumfuna ta sauka, sannan a rufe a ajiye a inuwa. Kafin a fara, kowane ɗalibi ya rubuta hasashensa na wadda za ta riga yin fumfuna da dalilinsa, sannan a riƙa dubawa kullum har kwana 14 ana rubuta ranar da tabo na farko ya fito da launinsa. Kada a buɗe kwalbar da ta yi fumfuna a cikin aji, kuma kada kowa ya ɗanɗana abin da ke ciki.